Yadda Ake Gane Dodon Koɗi da Danginsa, Daga Bakin Kududdufi Zuwa Gaɓar Teku

Dodon koɗin da ke jan ciki a gindin katanga bayan an ɗauke ruwan sama, da kuɗin wurin da kakanninmu suka yi ciniki da shi a kasuwar Kurmi, da kawar da ke manne da duwatsun kogin Kwara, da dabbar nan ta teku mai hannuwa takwas da ake kira oktofus, duk 'yan gida ɗaya ne a wurin masana halittu. Sunan gidan moluska, wato dabbobi masu laushin jiki waɗanda ba su da ƙashin baya. An bayyana kimanin nau'i 85,000 masu rai a cikinsu, kuma ban da gidan ƙwari da gizo-gizo da ƙaguwa, babu wani gidan dabbobi da ya kai su yawa. Sun fara bayyana a teku fiye da shekara miliyan 500 da suka wuce, daga nan wasu suka shiga koguna da tafkuna, wasu kuma suka hau tudu har cikin hamada.

Mai son gane su ba ya bukatar haddace dubban sunaye. Abin da yake bukata shi ne ya iya jera tambayoyi, kowace a gurbinta, ya fara da tsarin jiki, ya bi da yawan kwanso, sannan ya duba ɓangaren da kwanson ya murɗa da kuma ko yana da murfi. Wannan ilimi yana da amfani a ƙasarmu fiye da yadda ake zato, domin daga cikin ƙananan katantanwar da ke kududdufai da magudanan noman rani akwai masu ɗauke da tsutsar tsargiya, kuma ana iya bambance su da sauran da ido kawai idan an san abin da ake nema.

Shiri kafin a fita

Kayan aikin ba su da tsada. Ana bukatar takalmin roba mai kaiwa gwiwa, da safar hannu ta roba mai kauri, da matacin ƙarfe na kicin da aka ɗaure a bakin sanda mai tsawon mita ɗaya da rabi, da hantsaki, da farin faranti mai ɗan zurfi, da rula mai nuna milimita, da gilashin ƙara girma, da ƙananan robobi masu murfi, da littafi da fensir. Kyamarar waya ta isa wajen ɗaukar hoto. Farin farantin yana da muhimmanci, saboda da yawa daga cikin katantanwar ruwa ba su wuce girman ƙwayar dawa ba, kuma kalarsu ɗaya da laka.

Ƙa'idar da ba a sassautawa ita ce kada fatar mutum ta taɓa ruwan da ke tsaye ko mai tafiya a hankali. Tsutsar tsargiya tana fita daga jikin katantanwa ta yi iyo, ta huda lafiyayyar fata cikin 'yan mintoci, kuma ta fi yawa a ruwa daga hantsi zuwa bayan azahar, lokacin da rana ta take. Don haka da sassafe ya fi dacewa a yi aikin ruwa. Idan ruwa ya fallatso a hannu, a goge nan take da tsumma busasshe sannan a shafa sifirit. Na tudu kuwa an fi samun su da asuba ko da daddare a cikin damina, a ƙarƙashin ruɓaɓɓen ganye, da gindin randa, da lambun da ake ba ruwa. Su ma a wanke hannu da sabulu bayan taɓa su, domin manyan dodon koɗi na iya ɗaukar wata tsutsar ɓera da ke kama ƙwaƙwalwar mutum idan ta shiga ta baki.

Mataki na farko: a tabbatar 'yar gidan ce

Kwanso shi kaɗai ba hujja ba ne. Kunkuru da ƙaguwa suna da abin kariya mai tauri amma ba 'yan gidan ba ne, oktofus kuwa ba shi da kwanso ko kaɗan amma ɗan gida ne. A duba jikin tukuna. Idan yana da gaɓa-gaɓa a jere kamar na tana ko matsattsaku, ko yana da ƙafafu masu lanƙwasa a mahaɗi, to a ajiye shi gefe. A kududdufan damina ana yawan samun wasu ƙananan halittu masu kwanso biyu da ke ruɗar mai koyo, amma idan aka sa su a faranti za a ga suna iyo da sauri da ƙafafu masu yawa, kuma wannan ya nuna dangin jatan lande ne.

Abu uku ne ke haɗa gidan moluska. Na farko ƙafa ce guda ɗaya ta tsoka zalla, wadda a jikin dodon koɗi take shimfiɗe yana jan ciki a kanta bisa yauƙin da yake fitarwa, a jikin kawa ta zama abin haƙa laka, a jikin oktofus kuma ta rabu ta zama hannuwa da bututun feso ruwa. Na biyu mayafi ne, wato wata fata da ta lulluɓe kayan ciki, wadda ita ce ke gina kwanso daga sinadarin kalsiyam da dabbar ke samu a ruwa da abinci. Tsakanin mayafin da jiki akwai wani kogo, a nan sassan numfashi suke, a nan kuma ƙazanta ke fita. Na uku harshe ne mai ɗauke da layuka na ƙananan haƙora, wanda ke aiki kamar magagarin maƙeri, yana kankare gansakuka ko ganye, kuma da haƙoran gaba sun cinye sai sababbi su turo daga baya. Duk gidan suna da wannan harshe in ban da masu kwanso biyu da wasu 'yan tsiraru.

Ana iya ganin aikin harshen da ido. A shafa ɗan kunun gari a jikin gilashi mai haske, a ɗora dodon koɗi a kai, a leƙa ta ƙasa. Za a ga bakin yana buɗewa yana rufewa, harshen yana fitowa yana sharar garin, za a kuma ga wasu igiyoyi masu duhu suna bin tafin ƙafar daga baya zuwa gaba, su ne motsin tsokar da ke tura shi. Idan ɗakin shiru ne kuma aka ba babban dodon koɗi ganyen latas, har ƙarar kankarar ana ji.

Idan kwanso kawai aka tsinta, a kankare ɗan garinsa a ɗiga masa ruwan lemun tsami. Ƙananan kumfa za su taso, alamar sinadarin farar ƙasa ke nan. Wannan ne ma ya sa katantanwa suka fi yawa a ƙasa mai dutsen farar ƙasa, suka yi ƙaranci inda ruwa ke da tsami.

Mataki na biyu: a ƙirga kwanso

Wannan tambaya ita ce ke raba gidan zuwa rukunoni. Kwanso ɗaya, murɗaɗɗe ko mai siffar hula, yana nuna rukunin dodon koɗi, wanda masana ke kira Gastropoda, kuma shi ne ya kwashe kusan kashi 80 cikin ɗari na dukan nau'o'in. Kwanso biyu da ke haɗe a mahaɗi guda rukunin kawa ne, Bivalvia, mai nau'i wajen 9,000 zuwa 10,000. Hannuwa a kewayen baki da manyan idanu alamar Cephalopoda ce, rukunin oktofus, mai nau'i kimanin 800.

Sauran rukunonin na teku ne kaɗai, kuma mazaunin Kano ko Maraɗi ba zai gamu da su ba sai a gidan tarihi ko in tafiya ta kai shi gaɓa. Kaiton yana da faranti takwas a jere a gadon baya, yana manne wa dutse inda igiyar ruwa ke duka, haƙoransa kuma an dafe su da sinadarin ƙarfe mai maganaɗisu. Akwai masu kwanso kamar ƙaramin hauren giwa, buɗe a kai da gindi, da ke binne kansu a yashin ƙasan teku. Akwai masu kama da tsutsa marasa kwanso a ruwa mai zurfi. Akwai kuma wani ƙaramin rukuni da aka daɗe ana zaton ya ƙare tun ɗaruruwan miliyoyin shekaru, sai a 1952 jirgin binciken Denmark mai suna Galathea ya jawo rayayyunsa daga zurfin fiye da mita 3,500 kusa da Kosta Rika, aka sa wa dabbar suna Neopilina a 1957.

Wanda ya ga dabba mai yauƙi da ƙahonni amma babu kwanso, kada ya ɗauka ta fita ne daga gidanta. Dodon koɗi ba ya barin kwansonsa ya rayu, domin tsoka ce ta ɗaure shi da ginshiƙin ciki. Wannan wani nau'i ne dabam da kwansonsa ya ƙanƙance ya koma cikin jiki ko ya ɓace gaba ɗaya.

Mataki na uku: idan kwanso ɗaya ne

A nan ne aikin ya fi yawa, kuma a nan ne ya kamata mai koyo ya fi daɗewa. A riƙe kwanson tsininsa yana kallon sama, bakinsa yana kallon mai riƙon. Idan bakin ya faɗo a hannun dama, kwanson na-dama ne, kuma haka fiye da kashi 90 cikin ɗari na nau'o'in duniya suke. Idan ya faɗo a hagu, bahago ne, kuma duk bahagon da aka tsamo daga ruwan daɗi a ƙasar Hausa ya cancanci a ƙara duba shi. Bayan haka a taɓa dabbar da hantsaki har ta koma ciki, a ga ko ta ja wani murfi mai tauri ta toshe bakin. Da waɗannan amsoshi biyu kawai ana iya raba mafi yawan katantanwar ruwanmu.

Masu murfi a koguna da tafkunan Afirka ta Yamma ba su ɗaukar tsargiyar mutum. A cikinsu akwai Pila, mai ƙaton kwanso zagayayye na-dama wanda kan kai girman ƙwan kaza ko ya fi, da ɗan'uwansa Lanistes wanda bahago ne. Dukansu biyu suna numfashi a ruwa da kuma a iska, shi ya sa suke jure wa fadamar da ke kafewa. Akwai Melanoides, siriri mai tsawo da tsini, mai ɗige-ɗige ja-ja, wanda ke binne kansa a laka da rana, kuma matansa na haifar 'ya'ya rayayyu ba tare da namiji ba, abin da ke sa ɗaya tak ta cika magudana. Bellamya da Cleopatra ma suna cikin wannan sahu, kuma suna da yawa a tafkin Chadi.

Marasa murfi su ne abin lura. Suna da huhu, suna hawowa saman ruwa su shaƙi iska, kwansonsu siriri ne mai saurin fashewa, kowane ɗaya kuma yana da gaɓoɓin namiji da na mace. Uku ne za a riƙe da kyau.

Bulinus bahago ne, ba shi da murfi, yawancinsa bai kai santimita biyu ba. Shi ke ɗaukar tsutsar tsargiyar mafitsara, wadda ke sa yaro fitsarin jini. Ana samun sa a bayan ganyen bado, da jikin kainuwa, da kan karan dawa ko leda da ta daɗe a ruwa. Wani nau'insa mai siririn kwanso, Bulinus senegalensis, ya ƙware da zaman kududdufan da ke ƙafewa, yana shiga laka ya kwanta tsawon rani, ruwan farko na sauka ya farfaɗo. Saboda haka bushewar kududdufi ba ta nufin an rabu da shi. Akwai wani baƙon bahago mai suna Physa da ya bazu a Afirka wanda ba ya ɗaukar cutar, kuma ana bambance su ta hanyar duba dabbar tana tafiya a faranti: wutsiyar ƙafar Physa mai tsini ce, kwansonsa na sheƙi, shi kuwa Bulinus ƙarshen ƙafarsa a dakushe yake kuma jininsa ja ne.

Biomphalaria ba shi da tsini ko kaɗan. Kwansonsa a kwance yake, ya naɗe a kan kansa kamar faifai, faɗinsa wajen santimita ɗaya zuwa ɗaya da rabi. Shi ke ɗaukar tsargiyar hanji, wadda ke lalata hanta a hankali har ciki ya kumbura. Ya fi son ruwan da ba ya ƙafewa, irin na madatsai da manyan magudanan ban ruwa.

Lymnaea na-dama ne, bakinsa babba ne ya cinye fiye da rabin tsawon kwanson, ƙahonninsa kuma faffaɗa ne masu kusurwa uku. Ba ya ba mutum tsargiya, amma shi ke rainon tsutsar hanta da ke kama shanu da tumaki idan sun yi kiwo a fadama, wadda mahauta ke tararwa a cikin hanta.

Likitan Jamus Theodor Bilharz ne ya gano tsutsar tsargiya a Alƙahira a 1851, amma sai a 1915 likitan Birtaniya Robert Leiper ya tabbatar a Masar cewa nau'o'inta biyu suna bi ta jikin katantanwa daban-daban kafin su kai ga mutum. Zagayen kuwa shi ne: mai cutar ya yi fitsari ko bayan gida a ruwa, ƙwai su ƙyanƙyashe, 'ya'yan su shiga katantanwar da ta dace da su, su hayayyafa na tsawon makonni, sannan dubbai su fito neman fatar mutum. Ba ta hanyar cin katantanwa ake kamuwa ba, ta hanyar wanka da wanki da su da aikin shinkafa ne. Najeriya na cikin ƙasashen da cutar ta fi yawa a duniya, kuma manyan madatsai irin su Kainji da Tiga da Bakolori, duk da alherin da suka kawo wa noma, sun samar wa waɗannan katantanwa ruwan zama na dindindin. Har yanzu akwai ƙauyukan da ake ɗaukar fitsarin jini a matsayin alamar balagar yaro, kuma wannan fahimta tana cutar da yara ƙwarai, domin ciwo ne mai magani. Ana ba da ƙwayar praziquantel a asibiti da kuma a rabon makarantu.

Wanda ya tarar da Bulinus ko Biomphalaria a mashayar garinsu ya sanar da jami'an lafiya na ƙaramar hukuma. A gida kuma, ruwan da aka ɗebo daga irin wannan wuri a bar shi ya kwana biyu a mazubi kafin a yi wanka da shi, ko a dafa shi, domin tsutsar ba ta daɗewa a raye idan ba ta sami jiki ba. Share ciyawa daga magudana yana rage katantanwar sosai. Akwai maganin feshi mai suna niclosamide, sai dai yana kashe kifi, don haka aikin hukuma ne. Tun a 1933 aka nuna a Sudan cewa 'ya'yan aduwa na kashe waɗannan katantanwa, amma su ma suna taɓa kifi, ba abin zubawa barkatai ba ne a tafkin da masunta ke ci da shi.

Na tudu sun fi sauƙin ganewa. Suna da ƙahonni huɗu, idanu a kan dogayen biyun, alhali marasa murfi na ruwa ƙahonni biyu gare su, idanun a gindinsu. Wanda aka fi gani a ƙasar Hausa shi ne Limicolaria, mai dogon kwanso da zane-zane ruwan ƙasa. Manyan da ake sayarwa a kasuwannin kudu, Archachatina marginata da Achatina achatina, na kurmi ne. Na farkon tsininsa a dakushe yake, ƙwansa manya ne kaɗan, na biyun tsininsa mai kaifi ne kuma yana zuba ƙananan ƙwai da ɗaruruwa. An taɓa samun ɗaya daga Saliyo mai kwanson santimita 27 da nauyin giram 900. Idan aka tono dodon koɗi da rani aka ga bakinsa a liƙe da wani farin ɓawo, kada a ɗauka murfi ne na asali. Busasshen yauƙi ne da ya toshe ƙofa da shi don kada ya bushe, kuma yana yar da shi da zarar danshi ya dawo.

Wuri ma a wannan rukuni yake, ko da yake murɗinsa ya ɓuya a ciki, sai dogon baki mai haƙora kawai ake gani. Ba a taɓa samun sa a kogunanmu ba. Ƙaramin, Monetaria moneta, daga tsibiran Maldives na tekun Indiya yake zuwa, mai ɗan girman da zobe rawaya a gadon baya kuma, Monetaria annulus, daga gaɓar Zanzibar turawan Jamus suka riƙa kwararo shi tun daga shekarun 1840 har darajarsa ta faɗi. Lokacin da matafiyi Bajamushe Heinrich Barth ya zo Kano a 1851, wuri 2,500 ne ke sayen dala ɗaya ta azurfa, kuma gwamnatin mulkin mallaka ta hana shigo da shi a 1904. Wanda ya je gaɓar teku mai zafi ya kiyayi ɗaukar rayayyen kwanso mai siffar mazurari da kyakkyawan zane, domin dangin Conus suna harbi da haƙori mai dafi wanda ya taɓa kashe mutane. Daga dafin ɗayansu aka haɗa wani maganin matsanancin zogi da Amurka ta amince da shi a 2004.

Mataki na huɗu: idan kwanso biyu ne

Waɗannan ba su da kai, ba su da harshe mai haƙora. Suna zuƙo ruwa ta bututu ɗaya, su tace ƙananan halittun da ke ciki, su fitar da shi ta ɗaya bututun, kuma da haka suke tsabtace ruwan da suke zaune. A sa rayayya a kwano da ɗan yashi, a bar ta awa guda ba motsi, za a ga ta ɗan buɗe ta turo farar ƙafa tana neman nutsewa. Tsoka ce ke rufe kwanson, wata jijiya mai tauri a mahaɗi kuma ke buɗe shi, shi ya sa matacciya take zama a hangame. Mai sayen kawa don ci ya riƙe wannan: wadda take buɗe kuma ba ta rufe ba da aka ƙwanƙwasa ta, ta mutu, a yar da ita.

Wajen tantancewa ana duba siffar kwanson, da ko ɓangarorin biyu daidai suke, da haƙoran mahaɗi, da tabon da tsoka ta bari a ciki. Idan kwanson ba shi da tsari, mai kauri ne da ƙuraje, ɓangare ɗaya kuma a manne da dutse, to Etheria elliptica ce, kawar kogi da ake samu a Kwara da Binuwai da Nilu da tafkin Chadi, wadda masunta ke ci kuma ake ƙona kwansonta a yi farar ƙasa. Masu santsi dogaye da ke cikin laka, cikinsu na ƙyalli, dangin Mutela da Aspatharia ne. 'Ya'yan irin waɗannan sai sun maƙale a jikin kifi na ɗan lokaci kafin su sauka ƙasa su girma, don haka kogin da kifinsa ya ƙare su ma ƙarewa suke yi. A kudu akwai kawar da ke manne wa saiwoyin itatuwan bakin teku, a Ghana kuma akwai Galatea ta kogin Volta da ake nutso a ɗebo.

Layukan da ke bayan kwanso suna nuna yadda ya girma, amma a ƙasa mai zafi ba kowane layi ke nufin shekara ba, kada a dogara da su. A ruwan sanyi lissafin ya fi inganci, kuma da shi aka gano cewa wata kawa da aka tsamo kusa da Iceland a 2006 ta shekara 507. Mafi girma a rukunin, Tridacna gigas ta tekun Pasifik, tana haura kilo 200. Lu'ulu'u kuma mayafin kawa ne ke yin sa, idan wani abu ya shige ta sai ta yi ta lulluɓe shi da sinadarin da take shafe cikin kwansonta.

Mataki na biyar: masu hannuwa a ka, da waɗanda suka zama dutse

Babu ko ɗaya daga wannan rukuni a ruwan daɗi, sai dai a gan su a kasuwar kifi ta Legas ko Dakar, ko a kantin daskararren kaya. A ƙirga hannuwa. Takwas da jiki kamar jaka oktofus ne. Takwas da ƙarin dogaye biyu na cafke abinci, in jikin dogo ne da wani siririn abu mai haske a ciki, sikwid ne, in kuma faffaɗa ne da farin ɓawo mara nauyi a ciki, katilfish ne. Notilas kaɗai ya riƙe kwansonsa a waje, mai ɗakuna a jere, hannuwansa kuma sun kai 90. Suna da baki mai tauri irin na aku, da zuciya uku in ban da notilas, da shuɗin jini saboda tagulla ce ke ɗaukar iska a cikinsa maimakon ƙarfe. Yawancinsu suna sauya launin fata cikin ƙiftawar ido, suna feso tawada su tsere, kuma a duk dabbobin da ba su da ƙashin baya babu mai ƙwaƙwalwarsu. Mafi nauyi da aka taɓa kamawa wani sikwid ne mai kilo 495 daga tekun Antatika a 2007, yana ajiye a gidan tarihi na Wellington a New Zealand.

Sai dai ƙasarmu tana da rabonta a cikin duwatsu. Fiye da shekara miliyan 90 da suka wuce, wani reshen teku ya ratsa Sahara ya bi ta kwarin Binuwai, kuma a dutsen farar ƙasa na Ashaka a jihar Gombe, da yankin Damargu kusa da Tanut a Nijar, ana samun kwanson amonait da ya zama dutse. Dangin notilas ne da suka ƙare shekara miliyan 66 da suka wuce. Ana gane su da naɗin faifai da kuma layuka masu lanƙwasa da ke nuna inda bangon ɗakunan yake. A dutsen Kalambaina na Sakkwato, wanda ake yin siminti da shi, akwai kawa da katantanwar teku na wani zamani da ya biyo baya. Shiga wurin haƙar dutse sai da izinin masu shi, kuma abin da aka tsinta ya fi amfani a sashen ilimin ƙasa na jami'a fiye da a kan kanta.

Mataki na ƙarshe: rubutu da adana

Kwanson da ba a san inda aka samo shi ba ya rasa rabin darajarsa ga mai bincike. Kafin a bar wurin, a rubuta kwanan wata, da sunan gari da na tafkin, da ko ruwan na tsaye ne ko mai gudu, da irin ciyawar da ke ciki, da ko mutane da dabbobi na shiga. A ɗauki hoto uku na kowane kwanso, ta baki da ta baya da ta tsini, rula tana gefe. A kula da kyamarar gaba ta waya, domin takan juya hoto ta mai da na-dama bahago, kuma a wannan aiki kuskure ne babba.

A auna tsawo daga tsini zuwa ƙasan baki, da faɗi a inda ya fi kauri, a ƙirga zagayen murɗi daga tsini. Kwanson da babu kowa ciki a wanke shi da ruwa da tsohon buroshin haƙori, a shanya a inuwa, kada a sa masa bilic domin yana cinye fatar waje da launinta. Masu saurin fashewa a kwantar da su a auduga, murfin kuma a ajiye shi tare da kwansonsa. Idan ana son kai dabbar ɗungurungum ga masana, a nutsar da ita a sinadarin alkohol mai ƙarfin kashi 70, a rubuta takardar bayani da fensir a jefa ciki, saboda tawadar biro narkewa take yi. Rayayyu a ɗauki kaɗan a mayar da saura inda aka same su, kuma kada a taɓa sakin katantanwar wani ruwa a cikin wani. Babban dodon koɗin Gabashin Afirka, Lissachatina fulica, ta hannun mutane ya isa Asiya da tsibiran Pasifik da Amurka, inda jihar Florida ta shafe shekaru tana kashe miliyoyin daloli ta kawar da shi daga gonaki da gidaje har sau biyu, amma ya sake ɓulla a 2022.